Hekta 300 a tsakiyar gari, ba a kafa fegi ko ɗaya ba

Nura Berlin:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Hotunan da na turo ɗazu, mutum uku sun biyo ni ta gefe suna tambaya wai da gaske filin jirgi aka bar mu muka shiga da gawayi da nama? E, filin jirgi ne, sai dai rabon da jirgi ya tashi a cikinsa da fasinja tun 30 ga Oktoba 2008. Sunansa Tempelhof, a cikin garin Berlin yake tsundum, daga gidana tafiyar minti goma ce a keke. Wancan shimfiɗeɗɗen titin da kuka ga yara na tsere a kai, shi ne ainihin inda jirage ke gudu kafin su ɗaga. Guda biyu ne, kowanne wajen kilomita 2, har fentin da lambobin suna nan ba a kankare ba.

A watan Mayun 2010 aka buɗe ƙofofin aka ce jama'a bismillah. Ba a karɓar ko sisi. Ana buɗewa da safe, a rufe in rana ta faɗi. Akwai ɓangaren masu gashi, akwai inda ake sakin karnuka a cikin shinge, akwai masu lambu, akwai waɗanda ke hawa wani allo mai taya su riƙe igiyar wata ƙatuwar lema iska na jansu. Sauran kuma ciyawa ce da sararin sama, iya ganinka. Filin ya kai hekta 300.

Abin da ya sa na kawo maganar nan: gwamnatin birnin ta so ta yi gini a gefe-gefensa, mutanen gari suka jefa ƙuri'a suka hana. Ni dai abin yana burge ni. Me kuka gani?

Alhaji Garba Dillali:
Wa alaikumus salam. Nura maimaita, hekta nawa ka ce?

Nura Berlin:
300 Alhaji.

Alhaji Garba Dillali:
Inna lillahi. A tsakiyar babban birnin ƙasa? Ana kiwon ciyawa? Wallahi Nura da na karanta sai da na ajiye kofin shayi. Ka san fuloti nawa ke cikin hekta 300 ko bayan an cire tituna da kwalbati da masallaci da makaranta? Dubbai. Wannan ai almubazzaranci ne da rigar wayewa. Ƙasa ba ta haihuwa, mutane ne ke haihuwa.

Mamman Sani Maraɗi:
Alhaji har ya fara awo da ido 😂

Alhaji Garba Dillali:
Ɗan Maraɗi bar ni, zuciyata ce ke zafi.

Baba Isyaku:
Salamu alaikum. Nura, Allah ya yi maka albarka, ka taɓo min inda ke min ƙaiƙayi. Shekaruna na aiki duk a harkar jiragen sama na yi su, kuma duk wanda ya yi wannan aikin ya san sunan Tempelhof ko bai taɓa taka Jamus ba. Alhaji Garba, kafin ka yanka fulotanka bari ka ji abin da ke kwance a ƙasar.

Tun kafin a san jirgi, filin faretin sojojin Prussia ne, wata tsohuwar masarauta a Jamus. A 1909 Orville Wright, ɗaya daga cikin 'yan uwan nan biyu na Amurka da suka fara tashi da jirgi mai inji, ya zo ya nuna wa mutanen Berlin tashi a nan. A 1923 aka mai da shi filin jirgi sosai, kuma nan ya zama mazaunin kamfanin jiragen sama na Luft Hansa na farko da aka kafa a 1926. Ƙaton ginin da ke bayan Nura a hoto na uku, mai lanƙwasa kamar baka, gwamnatin Hitler ce ta soma shi a 1936, wani mai zanen gini Ernst Sagebiel ya tsara. Tsawonsa ya haura kilomita 1, kuma an yi masa rumfa mai miƙowa ba ginshiƙi a gabanta, yadda jirgi zai shigo ƙarƙashi fasinja ya sauka ruwa bai taɓa shi ba. Har yau masu gini na zuwa kallo.

Amma abin da ya sa dattawan Berlin ke jin wurin a ransu shi ne 1948. Bayan Yaƙin Duniya na Biyu an raba garin tsakanin Amurka da Ingila da Faransa da Tarayyar Sobiyet, garin kuma yana can cikin yankin da Sobiyet ke riƙe da shi. A watan Yunin 1948 Sobiyet ta toshe titin mota da layin dogo da hanyar ruwa zuwa yammacin birnin. Mutum sama da miliyan 2, ba abinci ba makamashi. Sai aka koma ciyar da su ta sama. Daga Yunin 1948 zuwa Satumbar 1949 an yi sawu sama da dubu 270, an sauke kaya fiye da tan miliyan 2, kuma mafi yawansa kwal ne, ba ma abinci ba, saboda sanyi da wutar lantarki. Akwai rana guda a Afrilun 1949 da aka yi sawu kusan 1,400 cikin awa 24. Ku lissafa, kusan jirgi ɗaya kowane minti. Dokar ita ce in matuƙi ya kuskure sauka, ba a ba shi damar zagayowa, sai dai ya juya da kayansa inda ya fito, don na bayansa na tafe. Mu da muka zauna a hasumiyar kula da jirage mun san abin da wannan ke nufi, da na'urorin wancan zamani kuwa.

Tempelhof ba shi kaɗai ya ɗauki nauyin ba, akwai filin jirgin Gatow na Ingilishi, akwai na Tegel da aka gina cikin kwana 90 a ɓangaren Faransa. Amma shi ne a tsakiyar unguwanni, shi yara ke taruwa a jikin wayarsa suna kallo. Wani matuƙi Ba'amurke, Gail Halvorsen, shi ya fara ɗaura alewa da cakulan a jikin hankici ya sako musu ta sama kamar 'yar lema. Yaran da suka tsinci alewar nan su ne tsofaffin garin a lokacin da aka zo rufe filin.

Mamman Sani Maraɗi:
Baba mun gode, yau mun shiga aji kyauta.

Nura Berlin:
Baba Allah ya ƙara lafiya. A bakin ginin ma akwai wani dogon siminti mai yatsu uku da ke nuna hanyoyin sama uku da jiragen ke bi, an rubuta sunayen waɗanda suka rasu a aikin a gindinsa. 'Yan gari na kiransa manjagarar yunwa.

Hadiza Tsara Birane:
Baba, da izininka zan ƙara abu ɗaya, don kada a ɗauka tarihin wurin duk alewa ne. A gefen filin nan aka yi Columbia-Haus, inda 'yan Nazi suka tsare mutane suka azabtar da su har zuwa 1936. Lokacin yaƙi kuma an kawo dubban mutane daga ƙasashen da aka mamaye, aka sa su aikin dole suna haɗa jiragen yaƙi a cikin ginin, suna kwana a barikoki a kan filin. Wato inda ake gasa nama yau, ba nisa da inda wasu suka kwana da yunwa. Akwai allunan bayani da aka kakkafa a wurin saboda haka.

Baba Isyaku:
Gaskiyarki 'yata. Na tsallake, bai kamata ba.

Alhaji Garba Dillali:
To duk na ji. Tarihi a bar shi a ginin mana, ba wanda ya ce a rushe. A bar titin jirgin ɗaya ma don masu keke. Amma ciyawar fa? Ciyawa ma tarihi ce?

Maman Ilham:
Na yi shiru ne ina karatu, amma yanzu dole in yi magana, kuma yau ni da Alhaji Garba layi ɗaya muke, abin da ban taɓa zato ba.

Yaya Nura, ka faɗa musu kyan filin, ba ka faɗa musu abin da ake ciki a garin ba. Ni ma a Berlin nake, aikin jinya nake yi. Ni da maigidana da yara uku a ɗaki biyu muke. Shekara biyu ke nan muna neman mai ɗaki uku ko huɗu. Ranar da na je duba wani gida, layin masu dubawa daga hawa na uku ya sauko har bakin titi, kowa riƙe da fayil ɗinsa, takardar albashi, takardar shaidar ba a bin ka bashi, kamar masu neman biza. Da aka ga sunana da ɗankwalina na san inda fayil ɗina zai kwana. Sama da kashi 80 cikin 100 na mutanen garin nan haya suke yi. Gwamnatin birnin da bakinta ta ce tana son a riƙa gina gida dubu 20 duk shekara, kuma ba a kaiwa.

To a haka ne za a ce min ga hekta 300 an bar wa tsuntsaye? Abin da aka so yi a 2014 ba cinye filin ba ne. Gidaje wajen 4,700 ne a gefe, da babban ɗakin karatu na birni, a bar hekta 230 a tsakiya yadda take. Hekta 230 ba ta isa tseren keke ba? Da an fara ginin nan a lokacin, da yanzu mutane na ciki, wataƙila har da ni. Wanda ke da gidansa tun da can da tsohuwar haya mai sauƙi, shi ne ke da bakin cewa kar a taɓa. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo.

Alhaji Garba Dillali:
Allah ya biya ki Hajiya! Ga 'yar gari ta faɗa.

Nura Berlin:
Maman Ilham ban musa miki ko ɗaya ba, ni ma sai da na yi wata takwas a ɗakin aboki kafin na samu inda nake. Amma ki tuna abin da ya sa mutane suka ƙi. Ba a yarda ba ne cewa gidajen na irinmu za su zama. Garin nan ya taɓa sayar da dubban gidajen gwamnati ga 'yan kasuwa a shekarun 2000 lokacin da bashi ya yi masa katutu, mutane kuma suna gani kuɗin haya ya riƙa hawa. Ga shi a daidai lokacin sabon filin jirgin da aka rufe Tempelhof dominsa ya zama abin dariya, an sa ranar buɗewa an ɗaga, an sa an ɗaga, sai a ƙarshen Oktoban 2020 ya fara aiki. Magajin garin lokacin, Klaus Wowereit, shi ne kan gaba a duka biyun. Sai mutane suka ce wanda ya kasa gama wancan, shi za mu miƙa wa wannan? Da muguwar rawa gara ƙin tashi.

Maman Ilham:
To sun hukunta magajin gari, mu kuma muke biyan tara.

Hadiza Tsara Birane:
Anti, wannan maganar taki ta zauna, ba ni da amsarta kai tsaye. Amma bari in faɗi yadda abin ya gudana, don ni abin da ya fi ɗaukar hankalina ke nan, fiye da ciyawar.

Mutanen gari ne suka kafa ƙungiya mai suna 100% Tempelhofer Feld, suka rubuta daftarin doka da kansu, suka bi kasuwanni da tashoshin jirgin ƙasa suna tara sa hannu har suka samu sama da dubu 185 ingantattu. Wannan ya tilasta a yi ƙuri'ar raba gardama ranar 25 ga Mayu 2014, rana ɗaya da zaɓen majalisar Turai. Kashi 64 cikin 100 suka goyi bayan dokar, kusan mutum dubu 740. Kuma ba unguwannin da ke maƙwabtaka da filin kaɗai ba, har na can nesa da ba sa zuwa shan iska a wurin.

Abin dariyar shi ne a 2008 ma an yi wata ƙuri'ar, ta masu son a bar jirage su ci gaba da sauka. Waɗanda suka fito, mafi yawansu sun ce a bari, amma ba su kai adadin da doka ta gindaya ba, kashi ɗaya cikin huɗu na duk masu rajista, sai ta faɗi. To ku duba, shekara shida tsakani. Da farko ana kukan kar a rufe, daga baya ana kukan kar a taɓa. Me ya canza? An buɗe ƙofa ne kawai a 2010 kafin a gama shawarar abin da za a yi da wurin. Mutane suka shiga, suka saba, suka mai da shi nasu. Da an bar shi a kulle har aka gama zane, da babu wanda zai fito kare shi, don ba a kishin abin da ba a taɓa ɗanɗana ba. A wajenmu masu karatun tsara gari wannan ne babban darasin: kusan ba a kashe komai ba wajen ƙawata shi, ba a kawo marmara ba, ba a yi maɓuɓɓugar ruwa mai fitilu ba. An gyara ƙofofi, an sa banɗaki, an ja layi.

Mamman Sani Maraɗi:
Malama Hadiza tambaya. Ba itatuwa a hotunan. Filin shan iska ba inuwa? A Maraɗi in ka buɗe irin wannan a watan Afrilu ko akuya ba za ta shiga ba.

Nura Berlin:
Ka gano lagonsa. Da rani in rana ta take, wurin ba daɗi, itatuwan kaɗan ne kuma a gefe suke. Da hunturu kuma iska kamar ta yanke maka kunne. Mutanen nan dai rana suke nema ido rufe, ka ga mutum ya shimfiɗa tabarma a tsakiyar rana yana murna.

Hadiza Tsara Birane:
Rashin itatuwan a tsakiya da gangan ne. Buɗaɗɗiyar ciyawa tana saurin hucewa da dare fiye da kwalta da siminti, sai sanyin ya gangara cikin unguwannin da ke kewaye. In aka jera dogayen benaye a gefe, an yi wa iskar katanga ke nan. Sannan akwai wani ɗan tsuntsu mai yin sheƙa a ƙasa cikin ciyawa, wanda ke raguwa a gonakin Jamus amma ya samu mafaka a nan. Lokacin ƙwansa ana zagaye tsakiyar filin a hana shiga. Har tumaki aka kawo suna kiwo a wani ɓangare maimakon injin yankan ciyawa.

Alhaji Garba Dillali:
Tumaki. A Berlin. Hajiya na neman ɗaki, tunkiya ta samu hekta.

Maman Ilham:
Alhaji ka sa ni dariya ba shiri, alhali raina a ɓace yake.

Sadiq Ɗan Baiwa:
Salam, don Allah Yaya Nura ya ake samun bizar Jamus ta aikin hannu?

Shugaban Zaure:
Sadiq, wannan ka bi shi ta gefe. A ci gaba.

Nura Berlin:
Alhaji bari in faɗa maka wanda ke cin moriyar filin, don kar ka ɗauka Turawa masu kuɗi ne da karnukansu. Gabashin filin unguwar Neukölln ce, cike da Turkawa da Larabawa da 'yan Afirka, iyali babba a gida ƙarami, ba tsakar gida, ba ko baranda. Ranar Lahadi da rani ka zo wajen gashi ka gani: kaka da jikoki, tukunyar shayi, hayaƙi ko'ina, wannan na jin waƙar Turkanci wancan na Larabci. A jikin filin ta arewa akwai masallacin Şehitlik mai hasumiya biyu, a harabar tsohuwar maƙabartar Turkawa da ke nan tun 1866. Mukan sauko Juma'a mu tsallaka mu zauna a ciyawa. Yaran Maman Ilham ɗin nan da kansu, a ina suka koyi keke?

Maman Ilham:
A kan titin jirgin, ban ɓoye ba. Ilham ta faɗi ta kurje gwiwa a kan wata ƙatuwar lamba da aka rubuta da farin fenti. Amma Yaya Nura ka ƙarasa labarin. Unguwar da ke manne da filin, da can ba mai so saboda ƙarar jirgi a kan rufi, shi ya sa talaka ya samu wuri. Da jirgi ya daina, fili ya buɗe, sai ta zama abin rububi, haya ta yi tsalle, shagunan shayin 'yan gayu suka cika layin. Da yawa daga cikin masu gashin da kake faɗa yanzu daga nesa suke zuwa a jirgin ƙasa, don an tura su bayan gari. Sun sha ƙarar, wasu na shan iskar.

Hadiza Tsara Birane:
Wannan haka yake, kuma ba a Berlin kaɗai ba. Duk inda aka gyara fili, ƙasar da ke kewaye ta yi daraja, mai haya ne ke fara ji a jikinsa. Sai dai Anti, gina gefen ba zai dawo da su ba sai in gidajen na gwamnati ne masu ƙayyadadden kuɗi, kuma a nan ne rashin yardar take. Ki tuna a Satumbar 2021 mutanen garin sun sake jefa ƙuri'a cewa a karɓe gidaje daga hannun manyan kamfanonin haya, ta kuma yi rinjaye, sai aka kafa kwamiti aka shiga jan ƙafa. Wanda ya ga haka, in aka ce masa ba mu gefe kaɗan kawai, me zai ce? Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga.

Kuma akwai Tegel. An rufe shi a Nuwamban 2020, ya fi Tempelhof girma, kuma can an tsara unguwa mai gidaje sama da dubu 5 da wuraren bincike da masana'antu. Ba wanda ya hana. Ga filaye da dama da aka riga aka ba izinin gini ba a gina ba. Me ya sa ido ya tsaya a kan wannan?

Maman Ilham:
Saboda wannan yana da jirgin ƙasa ta kowane gefe, ƙanwata. In na tashi aikin dare ƙarfe shida na safe, bambancin minti ashirin da awa ɗaya ba ƙarami ba ne.

Baba Isyaku:
Ku bar ni in sako wani abu. Nura, na ji an ce an zuba 'yan gudun hijira a rumfunan jiragen. Haka ne?

Nura Berlin:
Haka ne Baba. A ƙarshen 2015 da mutanen Siriya da Afganistan da Iraƙi suka yi ta shigowa, an kafa tantuna da ɗakunan katako marasa rufi a cikin rumfunan, mutum sama da dubu biyu a lokaci guda. Rayuwar ba daɗi, ba sirri, fitila ɗaya ce ga kowa, hayaniya dare da rana. Daga baya aka jera kwantenoni a gefen filin. Kuma don a yi hakan sai da majalisar birnin ta yi wa dokar 2014 gyara a farkon 2016, na wucin gadi.

Alhaji Garba Dillali:
Tsaya. Wato dokar da mutum dubu 740 suka kafa, majalisa na iya taɓa ta?

Hadiza Tsara Birane:
Tana iya, Alhaji. Doka ce kamar kowace, rinjaye kawai ake buƙata. Abin da ke tsare filin tsoron masu zaɓe ne. Gwamnatin da ta hau a 2023 ƙarƙashin Kai Wegner ta dawo da maganar gina gefen, aka zaɓo mutanen gari ta hanyar canki-canka aka zaunar da su a 2024 su tattauna, mafi yawansu suka sake cewa a bar shi. Maganar dai ba ta mutu ba, duk zaɓe sai ta taso.

Alhaji Garba Dillali:
To ashe akwai sauran fata.

Mamman Sani Maraɗi:
Alhaji ko an yanka ba za a kira ka dillanci ba fa.

Baba Isyaku:
Ni abin da ke raina daban ne. Duk filin jirgin da ya tsufa, a bayan gari aka yi shi, gari ne ya biyo shi ya kewaye. Lokacin da na fara zuwa aikin Hajji a tsohon filin Jidda muka sauka, na Kandara, a cikin gari. Da aka buɗe sabon a 1981 sai gari ya haɗiye wancan. Hong Kong sun rufe Kai Tak a 1998, wanda matuƙa ke shiga tsakanin benaye kafin su sauka, suka mai da shi gidaje da tashar jiragen ruwa da filin wasa. Kito ta ƙasar Ekwado sun rufe nasu a 2013 suka mai da shi wurin shaƙatawa. Kowa da abin da ya zaɓa.

Mu fa? Ku je Sakkwato, ku je Jos, ku je Minna, za ku ji ana cewa unguwar tsohon filin jirgi ko titin tsohon filin jirgi. Sunan ya rage. Ban ce laifi ne a yi gidaje ba, mutane na buƙata. Tambayata ita ce, wa aka tambaya? Da wa aka zauna? A Berlin ko Maman Ilham da ke jin haushi ta san ranar da aka yanke hukuncin da adadin waɗanda suka yanke, kuma tana da hanyar da za ta bi ta nemi a sake. Mu sai dai ka wayi gari ka ga an zuba bulo a filin ƙwallon unguwa, ko an jera shaguna a jikin katangar makaranta.

Wani abin kuma, jiragen farko da suka iso Kano a 1925, na sojan saman Ingila guda uku daga Masar, a filin sukuwa suka sauka, don shi ne shimfiɗaɗɗen wurin da ke akwai. Da wani ya riga ya yanka shi fa?

Alhaji Garba Dillali:
Baba wannan jifan da ni ake, na ji. Amma ranka ya daɗe, mu dillalai ba mu ke sa hannu a takardar mallaka ba. Kuma ku faɗi gaskiya, in aka bar hekta 300 a buɗe a garuruwanmu, wata shida ya yi yawa ya zama juji da maɓoyar 'yan shaye-shaye. Shi ya sa mai unguwa da kansa ke roƙon a gine kango.

Nura Berlin:
Nan kam ka faɗi gaskiya Alhaji. Wannan ɗin ma ba sakaka aka bar shi ba. Shingen filin jirgin yana nan, akwai masu gadi da ke zagayawa a mota, akwai masu kwashe shara, kuma birni ke biya duk shekara. Barin fili a buɗe ma aiki ne mai cin kuɗi. Su kansu masu lambun ba a yarda su haƙa ƙasa ba, saboda abin da shekarun jirage da yaƙi suka bari a cikinta. A cikin akwatunan katako suke shuka, wani a tsohon baho, na taɓa ganin tumatir a cikin takalmi.

Mamman Sani Maraɗi:
Yakuwa za ta yi a can?

Nura Berlin:
Wani ɗan Ghana ya gwada kuɓewa a akwatinsa, ta fito amma sanyi ya riga ta. Alayyafo dai yana yi sosai.

Maman Ilham:
Ni dai ban sauka daga kan bakata ba. In aka sake ƙuri'a kuma aka rubuta a doka cewa gidajen na birni ne, ba za a sayar ba, kuma kuɗin hayar daidai albashin ma'aikaciyar jinya, zan bi gida-gida in nema musu goyon baya. In ba a rubuta ba, to a bar wa tumakin.

Hadiza Tsara Birane:
Anti ai kin dawo kusa da Yaya Nura ke nan.

Maman Ilham:
Ban dawo ba, sharaɗi na kafa. Yaya Nura, Asabar mai zuwa in ba ruwa za mu shigo ta ƙofar Neukölln wajen ƙarfe uku. Ka zo da gawayi, na wancan karon da ka kawo jiƙaƙƙe ne.

Nura Berlin:
In sha Allah. Ku zo da wuri dai, wajen gashin na cika tun azahar, kuma ki ce wa Abban Ilham kar ya manta da yajin.